Fararen Duwatsun Kilmoyne

Litinin, 9 ga Maris, 1857

Kwana biyu da dawowata gida Kilmoyne daga Landan, ko gajiyar jirgi ban sauke ba, sai ga Kerr, wakilin da ke kula mini da gonaki, ya faɗo ɗakin karatu da taɓo har gwiwa. Wai aikin babban lambatu ya tsaya. Mutum talatin sun haƙa mil guda cikin fadama ba wanda ya ce uffan, amma da suka iso 'yar kusurwar nan ta bakin tafki, inda tsohon itacen ƙaya yake da tarkacen duwatsu a gindinsa, sai kowa ya kafa shebur a ƙasa ya naɗe hannu.

Na hau doki na je da kaina. Malachy Durkan, shugaban leburorin, ya cire hula ya ce, "Ƙasar wurin nan ba ta son shebur, ranka ya daɗe." Na ce ita ƙasar ce ta gaya masa? Ya ce, "A'a, ba ta magana da irina." Wani daga baya ya ɗaga murya, "A kewaya mana, maigida! Ruwa ai ba sauri yake ba, ba shi ke takara ba." Suka yi dariya ƙasa-ƙasa.

Raina ya ɓaci. Shekara goma sha biyu ina fama da mutanen nan. Na rushe bukkokinsu na gina musu gidaje masu taga, na buɗe makaranta, a shekarun yunwa tukunya ba ta sauka daga wuta a ƙofar gidana ba. Lambatun nan zai mayar da eka ɗari uku na fadama gonar hatsi, kuma shi zan nuna wa masu ƙuri'a nan da wata guda in ina son komawa Majalisa. A miƙe na ja layin a takarda, a miƙe zai tafi a ƙasa.

Laraba, 11 ga Maris

An tsinci wasiƙa a ƙarƙashin ƙofar kicin. Zanen akwatin gawa, da sunana a kan murfin. A ƙasa an rubuta: "Ka taɓa wurin nan, ka shiga wannan."

Rubutun mai kyau ne, irin wanda ake koyarwa a makarantata. Na yi dariya a gaban Kerr. Da ya fita na tashi na kulle ƙofa.

Alhamis, 12 ga Maris

Kerr ya gano ko menene wurin. Nan suke binne jariran da suka mutu kafin a yi musu baftisma, tunda limaminsu ba ya karɓarsu a maƙabartar coci. Uban ne ke ɗaukar abin shi kaɗai, ba addu'a, ba rakiya, ya aza ɗan dutse, ya dawo gida, kuma ba a sake ambata ba har abada. Shi ya sa ba wanda ya iya buɗe baki ya gaya mini.

Tun ina yaro nake harbin agwagi a bakin tafkin nan, ban taɓa sani ba.

Abin tausayi ne, ban ce a'a ba. Amma jahilci ne, kuma jahilci ana gyara shi. Zan sa a kwashe ƙasusuwan cikin mutunci, in ba da fili mai tudu, in kewaye shi da katanga, har da ƙofar ƙarfe. Wane uba ne zai ƙi wannan?

Na gaya wa matata Letitia a wurin cin abinci. Ta ajiye cokali, ta tashi ta hau sama. Ban yi tunani ba. Tun abin da ya same mu shekara tara da suka wuce ba a maganar jarirai a gidan nan.

Lahadi, 15 ga Maris

A hanyar coci na ƙirga wuraren da mutum zai iya laɓewa da bindiga. Shingaye goma sha ɗaya. Maƙwabcina Wray bara a bayan irin wannan shingen aka harbe shi, da rana tsaka, mutum arba'in na aiki a gonar da ke gefe, kuma ba wanda ya ga komai.

Bayan coci Letitia ta fita yawonta na Lahadi wajen tafki, ita da Iya Sibby, tsohuwar da ta raine ni. Likita ne ya ce iskar ruwa na yi wa ƙirjinta amfani. Na ce yau ta haƙura. Iya ta dube ni sama da ƙasa ta ce, "Ba wanda zai taɓa ta, ɗana. Kai dai ka kula da naka ƙoƙon kan."

Talata, 17 ga Maris

Ranar Waliyyi Patrick, kowa yana kasuwa da ɗanyen ganye a hula. Na hau kan amalanke na yi jawabin zaɓe. Sun tafa wa maganar hanya, sun tafa wa maganar gada. Sai na ga dama ta samu, na kawo maganar bakin tafki. Na faɗi filin, na faɗi katangar. Na ce duk wanda yake da ɗa a wurin ya zo ofishin gona ranar Alhamis ya faɗi sunansa da yawan nasa, a rubuta, don kada a haɗa na wani da na wani.

Ban taɓa jin shiru irin wannan ba. Maza suka sunkuyar da kai kamar na tuɓe musu wando a bainar jama'a. Wata mata ta ja mayafinta ta rufe fuska. Daga nan aka fara watsewa, ba ihu, ba jifa. Da jifan aka yi da ya fi mini.

Malachy ya riƙe mini linzami da zan hau. Bai dube ni ba ya ce, "Ranka ya daɗe, ko matata ban taɓa gaya wa inda na sa su ba. Yanzu in je in gaya wa magatakarda?"

Me na yi ba daidai ba? Tsari kawai nake so a yi.

Alhamis, 19 ga Maris

Ba wanda ya zo ofis. Magatakarda ya wuni yana feƙe alƙalami.

Juma'a, 20 ga Maris

Da safe mai lambu ya shigo yana haki. An haƙa kabari a kan ciyawar gaban gida, daidai saitin tagar ɗakina. Na fita na gani. Gefe-gefensa a miƙe, ƙasar an tara ta gefe guda tsaf, aikin wanda ya ƙware a haƙar lambatu. Ni na koya musu wannan yankan. Tsawonsa kuwa, ban auna ba, amma na san tsawon wa aka bi.

Karnuka biyu a gidan nan, ba wanda ya yi haushi.

Tsoro nake ji. Bari in rubuta shi a nan tunda ba mai karantawa: tsoro nake ji ƙwarai. Kuku na kawo miya ina kallon hannunta. Na sa ƙaramar bindiga a aljihun kwat, tana bugun cinyata duk inda na yi.

Asabar, 21 ga Maris

Letitia ta same ni a ɗakin karatu. Ta ce, "Edmund, ka karkatar da lambatun. Taku hamsin ne kawai. Na roƙe ka."

Na ce in na karkata yau saboda zanen akwatin gawa, gobe zanen me za su aiko? Duk masu ƙasa na gundumar nan ido suka zuba mini, kuma ƙuri'un masu hayarsu a hannunsu suke. Na ce da ita tsoro ne ya kama ta. Ta ce, "Ba don kai nake roƙo ba." Ban tsaya na tambaye ta don wa ba, na ci gaba da yi mata bayanin gangaren ruwa. Har zane na yi mata.

Na yi mata tsawa, abin da ban saba ba. Mai tsoro ya fi kowa ƙarfin murya, na lura da wannan a kaina yau.

Talata, 24 ga Maris

An harbi Kerr a kan gada. Ba a same shi ba, dokin aka samu a wuya. Ya dawo a ƙasa, fuska fari fat, yana zage-zage da harshen garinsu. Ya ce ya samo leburori ashirin daga wata gunduma, mutanen da ba su da kowa a wurin, kuma 'yan sanda shida za su raka su. Ranar Juma'a za su kwashe duwatsun, Litinin a fara haƙa.

Na sa hannu. Ban ji daɗi ba, amma na sa.

Alhamis, 26 ga Maris

Ban fita ba. Na sa an janye kujerata daga saitin taga. Iya Sibby ta shigo da gawayin fadama don murhu, ta ga inda na rakuɓe, ta ce, "Ka ga ɗan Majalisa a bayan kabad! Da kana ƙarami ma nan kake ɓuya in ka yi ɓarna." Ta tsaya a bakin ƙofa kamar za ta ƙara wani abu, sai ta fita.

Juma'a, 27 ga Maris

Zan rubuta yadda ya faru.

Wajen ƙarfe goma 'yar aiki ta ce uwargida ba ta ɗakinta, kuma ba ta ɗauki mayafi ba. Na san inda ta nufa, ban san yadda na sani ba. Na fita a ƙasa, ba doki, hannuna a kan bindiga, na bi gefen lambatu. Kowane shinge na wuce sai na waiwaya.

Da na iso baƙin leburorin sun riga sun kwashe kusan rabi, sun tara duwatsun a gefe don cikon hanya. A kan tudu kuwa mutanena ne, sun fi ɗari, maza kaɗai, tsaye, ba mai motsi. 'Yan sanda a tsakani. Na ce a raina, to, Edmund, yau ce.

Sai na ga Letitia. Tana durƙushe a kan tarin duwatsun cikin taɓo, tana ɗaga su ɗaya-ɗaya tana dubawa tana ajiyewa, yatsunta duk jini. Na kama kafaɗarta na ce me take nema, ta tashi mutane na kallo. Ba ta ko waiwayo ba. Cewa take, "Fari ne, da tsaga a gefe. Fari ne."

Iya Sibby ce ta ja ni gefe da hannun riga, yadda take jana ina ɗan shekara biyar. Ba zan iya kawo duka maganarta ba.

"Lokacin da aka haifi 'yarka kana can Landan kana yi wa manya jawabi. Wasiƙa ɗaya ka aiko, wai a yi abin da ya dace. Ka taɓa tambaya me aka yi?"

Na ce ai jaririyar tana kabarin gidanmu a coci. Haka na ɗauka.

"Haka ka ɗauka! Limaminku na kwance zazzaɓi na cinsa, matarka ba ta san inda kanta yake ba. Mai haƙar kabari ya ce tunda ba ta zo da rai ba, sai dai ramin da ake zuba gawar masu zazzaɓi a bayan katanga, a zuba mata farar ƙasa. Ni da na wanke ta? Na naɗe ta a rigar da uwarta ta ɗinka, na ba Malachy."

Na ce me ya sa ba a gaya mini ba. Ta ce, "Ba a faɗa, ɗana. Kai ne kaɗai a ƙasar nan ba ka san ba a faɗa ba. Kuma da an faɗa, da ka tono ta ka gyara."

Shekara tara. Kowace Lahadi. Iskar ruwa mai amfani ga ƙirji.

Ban tuna na ba da umarni ba, amma Kerr ya ce na yi ihu har sai da sajan ya dafa ni. Leburorin suka ajiye amalanke. Na tsaya a tsakiyar filin, rabinsa ƙasa tsirara, ba alamar komai. Ni na sa aka share. Na duba gabas na duba yamma, ban san inda 'yata take ba.

Asabar, 28 ga Maris

Letitia na kwance da zazzaɓi. Ta sami dutsen, yana hannunta a ƙarƙashin bargo, ta hana a karɓa.

Na sallami baƙin leburori da 'yan sanda. Kerr ya ce na haukace, yanzu ba abin da ke tsakanina da harsashi. Gaskiyarsa. Amma yau ba harsashin nake tsoro ba. Ina tsoron a ce ba wanda ya tuna gurbin.

Litinin, 30 ga Maris

Na je gidan Malachy da hantsi, ni kaɗai. Ɗaya daga gidajen da na gina, ban taɓa shiga ko ɗaya ba sai yau. Matarsa ta goge mini kujera da gefen zaninta ta fita. Na cire hula. Ban san yadda ake roƙo ba, na tsaya ina juya ta a hannu.

Ya ce, "Ka zo a rubuta sunanka ne, ranka ya daɗe?"

Na cancanci wannan. Na ce masa na zo ne in tambaya ko za a iya mayar da duwatsun. Ya ce kowa ya san nasa, kuma kowa ya san gurbinsa, da taku ake aunawa daga gindin ƙayar. Amma ba wanda zai zo ana kallonsa. In janye Kerr, in janye kaina, in hana kowa bin hanyar tafki har kwana uku.

Na ce, nawa dutsen fa?

Ya ce, "Uba ne ke aza dutse. Na riƙe maka shekara tara, ya isa."

Alhamis, 2 ga Afrilu

Kwana uku ban leƙa ba. Wakilin zaɓena ya zo yana kumfar baki, wai labari ya kai ko'ina cewa masu haya sun durƙusar da ni, manyan masu ƙasa biyu sun janye mutanensu. Na ce masa to. Ya ce "to" kawai? Na ce to.

Juma'a, 3 ga Afrilu

Letitia ta ba ni dutsen da kanta. Ta buɗe hannuna ta sa. Bai kai girman dunƙulen burodi ba.

Malachy na jirana a gindin ƙayar. Tarin ya ɓace, kowane dutse ya koma, ban ga wanda ya mayar ba. Ya sa bayansa a jikin itacen, ya yi taku tara wajen ruwa, biyu hagu, ya tsaya. Akwai wani ɗan gurbi tsakanin duwatsu biyu masu launin toka.

Na durƙusa. Bindigar ta zame daga aljihu ta faɗi cikin ciyawa a gabansa. Ya dube ta, ya dube ni, ya ɗauka ya miƙo mini ta wajen mariƙi.

Na ce waɗannan biyun na waye. Ya ce, "Nawa ne. Na ga kamar kada a bar ta ita kaɗai, baƙuwa ce a nan."

Mutumin da na ɗauka jahili ne. Na aza dutsen a gurbin, shi kuma ya juya baya yana kallon tafki har na gama.

Laraba, 8 ga Afrilu

Na faɗi zaɓe da ƙuri'a goma sha ɗaya. Ya kamata in ji zafi fiye da haka.

Har yanzu ban san wanda ya rubuta wasiƙar ba, ko wanda ya haƙa ramin gaban gida. Ina gaisawa da shi kullum, wataƙila. Mai lambu ya cike ramin, amma ciyawar ba ta kama ba, daga taga ina ganin shacinsa.

Lahadi, 12 ga Afrilu

Ista. An yi ruwa da safe, ya ɗauke.

Lambatu zai karkata taku hamsin. Kerr ya ce eka huɗu za su zauna cikin ruwa har abada, kuma duk injiniyan da ya ga taswirar zai yi mana dariya. Na ce masa akwai falalen dutse a ƙarƙashin kusurwar, ba ta haƙuwa. Ya ce shi bai ga wani dutse ba. Na ce ya rubuta haka dai.

Filin mai katanga da ƙofar ƙarfe, na bar maganar. Ba don komai ba, aiki ya yi yawa bana.

Bayan coci na raka Letitia wajen tafki, saboda ba ta gama warwarewa ba, kuma Iya ƙafa ta fara ba ta wahala. Dalilin ke nan. Mun haɗu da mutum biyu a hanya, suka cire hula, ba wanda ya tambayi wani inda za shi. Sai da muka dawo na tuna bindigar tana aljihun ɗaya kwat ɗin. Mantuwa ce.

A can ɗin na tambaye ta abin da ya kamata in tambaya tun shekara tara. Na fi jin tsoron wannan tambayar a kan shingaye goma sha ɗaya. Ta ce ta sa mata suna, a ranta, ba ta taɓa faɗa wa kowa ba. Ta faɗa mini a kunne.

Na ɗauki alƙalami in rubuta shi a nan, sai na fasa. Ba a rubutawa.